Taswirar Gadon Kada

A shekara ta goma sha ɗaya da hawan Sarki Hankurau karagar Zangur, Shirbawa suka gangaro daga arewacin Tekun Yalmi suka yi wa Tsibirin Kanwa ƙawanya. Manzon da ya kawo labarin da iyo ya kuɓuto, ya iso fada fatar jikinsa duk ta yamutse don daɗewa a ruwa. Ya faɗi ya yi gaisuwa, ya ce hatsin da ya rage wa mutanen tsibirin ba zai wuce kwana ashirin ba.

Hanya biyu ce ke zuwa tsibirin. Ɗaya mashigi ne mai zurfi, kuma nan Shirbawa suka jera jiragensu suna jira. Ɗayar ita ce Gadon Kada, wani dogon tudun yashi da laka wanda ruwa ba ya rufe shi sai sau biyu ko uku a shekara, in iskar gabas ta turo teku a kansa. Ba mai sanin ranar, don haka Shirbawa suka kafa sansaninsu a gefensa, suka juya masa baya hankali kwance.

Sarki ya tara majalisa. Galadima Cindo ne ya fara magana, mutum mai sanyin murya wanda bai taɓa faɗin abu kai tsaye ba in akwai hanyar zagaye.

"Allah ya ba ka nasara, mu aika wa sarakunan yamma su kawo gudummawa. Kwana arba'in sun isa. In tsibiri ya faɗi kafin nan, ai ƙwato shi za a yi. Amma jiragen Zangur in suka nutse, da me za mu ƙwato su?"

Sarkin Ruwa Tunau ya miƙe tun kafin a ba shi izini, har sai da dogarai suka yi masa gyaran murya. Ya ce, "Zaki, a tsibirin nan akwai mata da yara dubu biyu. Galadima zai ƙwato kanwa, amma ba zai ƙwato su ba. A ba ni jirage ɗari uku da taswira ɗaya, in faɗa wa Shirbawa ta bayansu."

Da aka ambaci taswira, sai idanu suka koma kan Boka Anaruwa, wanda ke zaune can kusa da ginshiƙi yana sosa ƙafa kamar ba da shi ake ba.

Masu zana taswira a sauran ƙasashe suna zana ruwa ne yadda suka gan shi jiya, ita kuwa Yalmi kafin tawada ta bushe ta canza hali. Anaruwa yadda ruwa zai kasance yake zanawa. Yakan ɗebo ruwan teku a ƙwarya, ya ambaci abin da yake nema, ya tsoma fuskarsa, sai ya tsinci kansa a ranar da abin zai auku. Ba ya ganin mutum ko jirgi. Ruwa kawai yake gani, da yashi, da iska, da wata, kuma da fuskar watan yake gane ko nawa ga wata ne. Sai dai ranar da ya leƙa ya riga ya cinye ta. In ta zo, daga faɗuwar rana zuwa faɗuwar rana zai kwanta kamar gungume, ko wuta aka ɗora masa ba zai motsa ba.

Sarki ya ce, "Boka, ka ji abin da ake bukata."

"Na ji, Allah ya ba ka nasara. A kawo fatar akuya mai kyau, ba irin wadda Sarkin Ruwa ya ba ni bara ba."

Tunau ɗan kawunsa ne, don haka wasan taubasantaka bai taɓa ƙarewa tsakaninsu ba, ko a gaban sarki. Tunau ya ce, "Ji bawana! Wa ya koya maka zaɓe?"

Kashegari Anaruwa ya shimfiɗa fatar a gaban majalisa. Ya zana Gadon Kada da jar tawada, ya ratsa shi da baƙin layi mai lanƙwasa uku. Ya ce, "Ran tara ga wata mai kamawa, da la'asar, iskar gabas za ta taso. Ruwa zai hau tudun nan har ya shanye tsayin mutum, ya tsaya haka zuwa asuba. Duk jirgin da ya bi layin nan ba zai taɓa ƙasa ba."

Sarki ya ɗora hannu a kan fatar, ya ce an gama magana. Galadima ya yi murmushi, ya yi wa rundunar addu'ar nasara da babbar murya.

Kwana biyu bayan haka marka ta sauka, sama ta rufe ruf, ba rana ba wata. Al'adar Zangur kuwa ita ce wata ba ya kamawa sai an buga tambarin sarki, tambari kuma ba a buga shi sai mutum biyu sun rantse sun ga jinjirin wata. Ran ashirin da tara da magariba, cikin wannan hadari, mutum biyu suka zo fada suka rantse cewa gajimare ya tsage sun hango shi. Aka buga tambari. Kowa ya fara ƙirga daga nan, har da Anaruwa, wanda ya fi kowa sanin wata a ƙasar nan.

Ran takwas da safe jirage suka tashi. Tunau ya tura taswirar cikin rigar yaƙinsa, ya dubi taubashinsa a bakin gaɓa ya ce, "To, rago, je ka kwanta. Mu za mu yi yaƙi, kai ka yi minshari."

Da rana ta faɗi Anaruwa ya shiga ɗaki, ya miƙe a kan tabarma yana jiran abin ya ɗauke shi. Gajiyar kwanakin nan ta yi masa yawa, barci ya sace shi.

Carar zakara ce ta tashe shi. Ya yi miƙa, ya ji yunwa, har ya fara tunanin kunu. Sai kuma ya tsaya cak. Ya fita ya tambayi mai shara a ƙofar gida ko nawa ga wata, mutumin ya ce tara. Anaruwa ya dubi hannayensa, ya motsa yatsunsa ɗaya bayan ɗaya, tsoro irin wanda bai taɓa ji ba ya kama shi. Da yau ce ranar da ya zana, da yanzu ba ya cikin hayyacinsa. Tun da yana tsaye da ƙafafunsa, to yau takwas ce, ruwan sai gobe, ga mutum dubu uku can suna shirin tura jirage cikin laka da la'asar.

Ko hula bai tsaya ɗauka ba. Ya kutsa fada ana zaman safe, dogarai suka ja da baya suna salati, don kowa ya san yau ba ranar ganinsa ba ce.

Sarki ya ce, "Boka, me ya tashe ka?"

"Allah ya ba ka nasara, ba tashi na yi ba, kwanciyar ce ba ta zo ba. An buga tambari wata bai kama ba. Mun riga wata da kwana guda."

Galadima ya gyara zama. "Zaki, tun kakanni tambarin Zangur ke faɗin wata, ba a taɓa ƙaryata shi ba. Ko dai tsafin Boka ne ya fara tsufa?"

"Su wa suka ga watan?" in ji Anaruwa.

Shamaki ya sunkuyar da kai ya ambaci sunaye biyu, kuma ba wanda bai san barorin gidan Galadima ba ne. Sarki ya juya a hankali ya dubi Galadimansa.

"Allah ya ja zamaninka," in ji Cindo, muryarsa na nan da sanyinta, "na so ne watan yaƙi ya kama ran Alhamis, ranar haihuwarka, don a samu sa'a. Kwana ɗaya me zai rage wa teku?"

Anaruwa ya so ƙwarai ya san ko mugunta ce ko fadanci, amma rana tana ta ɗagawa. Ya ce, "Zaki, wannan shari'arka ce. Ni ma ina da nawa laifin, don na bar ganga ta yi mini ƙirga. Kwalekwale nake so mai sauri, da masu tuƙi takwas."

Sarki ya ce a tsare Galadima, a ba Boka abin da ya nema. Sai dai a bakin gaɓa ba namiji ko ɗaya mai iya tuƙi, duk sun tafi tare da Tunau. Tabawa, Magajiyar matan masunta, tana zaune tana ƙyafe kifi, ta ji abin da ake ciki. Ta goge hannu a zani ta ce, "'Ya'yana biyu suna cikin jiragen nan. Shiga, Boka." Ta ƙwala kira, mata bakwai suka bar kifinsu a kan wuta suka ɗauki filafilai.

Manyan jirage kwana da wuni suke yi, don dole su zagaye dajin kacalla. Tabawa ta ratsa ta tsakiya, ta hanyoyin da mata ke bi neman tarwaɗa. Ganyen kacalla ya yi ta yankar fuskokinsu, tafin hannuwansu suka ɗuri ruwa suka fashe, ba wadda ta ce a huta. Anaruwa na zaune a tsakiya yana kwashe ruwa da ƙoƙo, yana duban inda hasken rana ke ɓoye cikin gajimare. Shekara talatin yana zana taswira, ba ta taɓa kashe ko mutum ɗaya ba. Ya ƙudura a ransa cewa ba za ta fara da wannan ba.

Duk da haka sun makara. Da suka fito fili, la'asar ta yi, jirage arba'in na gaba sun riga sun shiga sun kafe a laka, na Tunau a kan gaba. Shirbawa sun hango su, sun baro sansani suna tahowa a ƙafa ta kan tudun kamar tururuwa. Sauran jirage ɗari biyu da sittin kuma sun jeru suna shirin kai ɗauki.

Anaruwa ya sa aka gitta kwalekwalen a gabansu. Ya miƙe ya daka tsawa, "Ku tsaya! Barde, ka dube ni da kyau. Yau takwas ga wata. Duk wanda ya matsa gaba ya kafe!"

Barde, wanda ke riƙe da rundunar baya, ya zaro ido, don ganin Boka a tsaye ya fi masa kowace hujja. Ya ce, "To mu zuba ido a yanka Sarkin Ruwa?"

"Ku koma bayan kacalla, kada a ga ko bakin jirgi. Ku bar Shirbawa su ɗauka kun gudu. Gobe da la'asar, da kun ji iskar gabas a kuncinku, ku taho ta layin da na zana."

"Kai fa?"

"Can zan tafi."

Ya sauke matan, ban da Tabawa da ta ce sai dai a jefa ta ruwa. Su biyu suka ja kwalekwalen cikin laka har zuwa jirgin Tunau, kibau na sauka gefensu. Tunau ya leƙo ta bayan garkuwa, taɓo har gemu. Ya daɗe yana kallon Anaruwa, sannan ya ce, "Bawana, in kai ne da gaske, to mun shiga uku."

"Ni ne. Ruwan sai gobe."

Tunau bai zage shi ba, abin da ya fi yi wa Anaruwa ciwo ke nan. Sarkin Ruwa ya dubi bayansa ya ce, "In muka bar jiragen muka ruga yanzu, rabinmu za su kai kacalla."

"Za su kai. Shirbawa kuma su koma sansani, su ga ruwa ya zo gobe, su jira ku a bakinsa. Tsibiri ya tafi ke nan. Amma dubi inda suke tsaye, Tunau. Jiragensu suna can mashigi, tafiyar rabin yini. Gobe war haka wurin nan ya shanye tsayin mutum. In suka kwana a nan suka wuni, an gama da su."

"Me zai zaunar da su cikin laka kwana da wuni? Don mutum ɗari huɗu ba za su tsaya duka ba."

"Don ni za su tsaya. Sarkinsu ya daɗe yana cewa wanda ya mallaki Anaruwa ya mallaki Yalmi. Ka tsayar da ni inda za su gan ni."

Tunau ya rage murya. "Rana na faɗuwa za ka zube. Ba gudu, ba kare kai. In suka karya mu, a kafaɗa za su ɗauke ka kamar buhun gero."

"To kada su karya ku."

Tunau ya yi dariya, ya juya ya ba da umarni. Mayaƙa suka shiga laka har cinya, suka ja jiragen suka haɗa su baki da baki, suka yi da'ira, suka kafa garkuwoyi a gefe. Aka ɗora Anaruwa a kan bakin babban jirgi. Maroƙin Sarkin Ruwa ya cika ƙirji ya yi masa kirari da ƙarfi, ya kira sunansa sau uku don kada wani ya ce bai ji ba.

Nan take kibau suka tsaya. Anaruwa ya hango wani dogo mai baƙar garkuwa yana nuna shi da mashi, yana aika manzanni baya. Ba a daɗe ba sauran Shirbawan da ke gadin sansani suka fara fitowa, har da waɗanda ke tsare da ƙofar tsibiri. Sarkinsu ya hana harbi wajen babban jirgi, ya ce da rai yake son Boka. Suka kawo hari na farko da masu da gatura, laka na riƙe musu ƙafa, mutanen Zangur na sukarsu daga sama. Suka ja da baya suka sake dawowa. Wani ya kama gefen jirgin har ya ɗora gwiwa, Tabawa ta sauke masa filafili a ka.

Gajimare ya ɗan yaye ta yamma, karo na farko cikin kwana goma, rana ta bayyana ja tana shirin nutsewa. Anaruwa ya ɗaga kai ya ga wata a sama, ya ƙare masa kallo. Ɗan kwana takwas ne, ba ko shakka. Ya sauko ya zauna a cikin jirgi, ya kama hannun Tunau.

"La'asar, ɗan kawu. Ko sun ce maka sama ta faɗo, ka riƙe har la'asar."

"Kwanta, rago," in ji Tunau. "Ka taɓa ganin na bar kayana a hanya?"

Daga nan Anaruwa bai ƙara sanin kome ba.

Abin da ya fara ji shi ne lilo. Jirgin na tashi yana sauka a ƙarƙashinsa, ruwa na marin katako, iska mai sanyi na busowa daga gabas. Ya buɗe ido ya ga garkuwa kife a kansa, kibau sun huda ta ta ko'ina, don da gari ya waye haƙurin sarkin Shirbawa ya ƙare. Ya ture ta ya tashi zaune. Rana ta faɗi, Gadon Kada babu shi, ruwa ne iyakar ganin ido. Garkuwoyin Shirbawa da kwarinsu na yawo a kai, jiragen Barde na bi suna tsamo waɗanda suka miƙa wuya. Tabawa na zaune a gefe tana ɗaure wa ɗanta ɗaya kafaɗa, ɗayan na riƙe mata tsumma.

Tunau na jingine da bangon jirgi, an lulluɓe shi da bargo daga ƙirji zuwa ƙasa. Bargon ya jiƙe, kuma ba da ruwa ba.

"Ka tashi?" in ji shi, muryar da ƙyar take fita. "Sau goma sha ɗaya suka zo, kai ko juyi ba ka yi ba."

Anaruwa ya rarrafa wurinsa. Ya ɗaga bargon, ya mayar. Ya ce, "Da na ɗaga kai na ƙirga da kaina..."

"Bar wannan. Ruwan ya zo da la'asar cif, yadda ka ce. Na gan shi da idona yana tahowa, ka ga gudu wurin Shirbawa!" Ya yi ƙoƙarin dariya, tari ya sarƙe shi. Ya laluba cikin rigarsa ya zaro fatar, ya tura masa. "Ban gama ratsawa ba. Na ce wa Sarki zan kai tsibiri. Kai ni, bawana."

Anaruwa ya miƙe, ya karɓi gwangwala daga hannun matuƙi, ya tsaya a bayan jirgi. Bai buɗe fatar ba, don ya san layin. Ya juya kan jirgin arewa, sauran jirage suka jeru a bayansa. Ya sha lanƙwasa ta farko, ya sha ta biyu. A ta uku ne Tabawa ta miƙa hannu ta rufe wa Sarkin Ruwa ido, ta dubi Boka. Ya gani, bai saki gwangwalar ba.

Can gaba aka buɗe ƙofar Tsibirin Kanwa, mata suka cika ganuwa suna rangaɗa guɗa, suna kiran sunan Tunau. Anaruwa ya ci gaba da tuƙi, hawaye na zuba a gemunsa, har jirgin ya kai gaɓa bai taɓa ƙasa ba ko sau ɗaya.